Anasarar da Take Kiran Sunan Ɗiyata

Bazara ce, irin wadda mutum yake kwana a tsakar gida ya tashi jiƙe da gumi kamar wanda ya wuni a gona. Daminar da ta wuce ba ta yi ba, wadda ta gabace ta ma haka. Kogi ya janye har mata suna shanya wanki a kan yashin tsakiyarsa. A bayan gari mutanen daji sun kafa bukkoki da tsummoki, ba shanu, ba raƙuma, sai yara. Cikin wannan zafin ne sojoji suka karɓi mulki. Muka wayi gari rediyo ba ta magana sai kiɗan soja, maigidana ya leƙa waje ya dawo ya ce kowa ya kama bakinsa. A shekarar mutanen Yamai suka koyi magana ƙasa-ƙasa. Ni wannan bai ba ni wahala ba, dama haka muryata take.

Muna zaune a unguwar Maourey, ɗaki ɗaya da rumfa, a gidan wata tsohuwa mutuniyar garin Tawa da duk ƴan haya suke ce wa Kaka. Mu mutanen wajen Maraɗi ne. Maigidana direba ne a biron masu haƙa rijiyoyi, wato ofishinsu. Ni kuma da la'asar ina zuwa makarantar yaƙi da jahilci, muna zaune a kan tabarma mu mata manya muna lanƙwasa baƙaƙe da alli. Abincinmu jar dawa ce ta taimako, wadda ake rabawa soja yana tsaye da bulala. Daga Amerika take zuwa. Tuwonta ba ya kama jiki, sai an haɗa da haƙuri.

A wannan bazarar ɗiyata ta fari ta dawo hannuna. Tun da aka yaye ta uwar mijina ta ɗauke ta, kamar yadda ake yi, ta girma a ƙauye. Da yunwa ta watsa ƙauyen, tsohuwar kuma Allah ya yi mata cikawa, sai maƙwabta suka ɗoro yarinyar a bayan kamyo, babbar motar kaya, suka kawo mana ita. Shekarunta wajen goma. Ta sauko da ƙunshin kayanta a ka, wuyanta siriri kamar na zabuwa, ta durƙusa ta gaishe ni ta ce, "Yaya, ina wuni." Haka ta taso tana ji ana ce mini, haka kuma take kirana har yau.

Ni kuwa ban ce komai ba sai "Sannu." A wurinmu uwa ba ta kiran sunan ɗan fari. Ba ta rungumarsa a gaban mutane, ba ta yabonsa, ba ta ma tsaya ta ƙura masa ido. In ina son ta ɗebo ruwa sai in ce wa ƙanenta, "Gaya wa waccan ta ɗebo ruwa," alhali tana tsaye kusa da ni. Ban taɓa ganin laifin wannan ba. Haka uwata ta yi wa wanmu, kuma shi ta fi so. Amma wanmu a gabanta ya girma, ya san hannunta ko da bakinta bai faɗa ba. Tawa kuwa ba ta san ni ba.

Hanya ɗaya nake da ita, tabarmar tatsuniya. Bayan magariba, in an ci abin da aka samu, sai in shimfiɗa tabarma a bakin rumfa, yaran gidan su taru. Tatsuniya ba ta mutum ɗaya ba ce, don haka ba mai cewa na yi rashin kunya. Ina kallon ƴaƴan maƙwabta, amma da ita nake. Da farko can gefe take zama, rabin jikinta a ƙasa. A hankali ta riƙa matsowa. Wata rana gwiwarta ta taɓa ƙafata, ta bar ta a nan. Na ja tatsuniyar nan, na ƙara wa waƙar cikinta baiti, ƙafata ta mutu ban motsa ta ba.

Sai anasarar ta shigo.

Shugaban maigidana Ba'amerike ne, mai auna ƙasa ya ce a haƙa nan. Matarsa ita ce muke ce wa Madam. Da rana maigidana yakan jira a ƙofar gidansu, can unguwar anasaru, sai yarinyar ta kai masa abinci in ta taso daga lakwal, makarantar boko. Madam tana jin Hausa. Kafin aurenta ta zauna a wani ƙauye na Adar tana koya wa mata dama kunun jarirai, a can ta ɗauko harshen, da karinsu da komai. A Yamai kuwa kukunta Bazabarme ne, gardinta mai tsaron ƙofa Buzu, ba ta da abokin hira. Ta ji yarinyar tana gaida ubanta, ta leƙo ta taga.

Na tambayi maigidana aikin me Madam take yi.

Ya ce, "Rubutu."

"Na biro?"

"A'a, littafi. Na ƙarya." Ya yi dariya. "Aljanu, dodanni, sarakunan da ba a taɓa yi ba, ƙasashen da ko a taswira babu su. Mijin ne ya gaya mini. Ya ce ta gama ɗaya tun a can, ta aika wa masu bugawa, suka maido mata. Ta aika wa wasu, suka maido. Yanzu na biyu take yi."

Na ce, "Tatsuniya ke nan."

Ya ce, "Tatsuniya ce, amma da mashin na rubutu."

Ban ɗauki abin da zafi ba sai ranar da yarinyar ta dawo tana tafiya a hankali, hannunta a ciki. Na zaci ciwo ne. Na ce wa ƙanenta ya tambaye ta. Ashe dutse ne, mulmulalle, ta tsinto a bakin kogi ta ɗaure shi a cikin zanenta.

Labarin Madam ke nan. Wai akwai wata ƙasa inda ruwan sama yake saukowa fari kamar kaɗa, ya rufe gidaje. A can wata ɗiyar maƙeri ta tsinci ƙwai na dutse a cikin tokar maƙerar ubanta. Wata tsohuwa makauniya ta ce mata in ya huce duniya za ta yi asarar da ba a mayarwa, sai ta kai shi bayan duwatsu da ɗuminsa. Yarinyar ta ɗaure shi a cikinta ta kama hanya, mayaƙan sarki suna bin ta a kan wasu tsuntsaye masu girman raƙumi. Kullum Madam sai ta ba ɗiyata guntu. In an zo daidai inda numfashi yake tsayawa, sai ta tafa hannu ta ce, "Sai gobe."

Da magariba na shimfiɗa tabarma, na buɗe da "Ga ta nan, ga ta nanku," sai na ji amsar ta zo da rauni. Yaran suna can bakin randa sun kewaye ɗiyata, tana nuna musu yadda tsuntsun yake sauka. Muryarta ma ban san tana da irinta ba. Har ɗan autan maƙwabciyarmu, wanda ba ya barci sai na yi masa ta kura, yana can baki buɗe.

Kaka ce ta fara yin magana. Ta tofar da ruwan goro ta ce, "Ke, da tsakar rana ake yi wa ɗiyarki tatsuniya kina kallo? Ba ki san mai jin tatsuniya da rana ɓata yake yi ba? Kuma a bar ta buɗe ta kwana! Tatsuniya in an buɗe ta rufe ta ake yi, kamar tukunya."

Na ce, "Kaka, anasara ce, ba ta sani ba."

"Ke ai kin sani."

Na sani. Amma ba tsoron ɓata ne ya hana ni sukuni ba. Na riƙa tunani, dawar da muke ci tasu ce, motar da maigidana yake ja tasu ce, yanzu tatsuniyar ma sai sun kawo mana? Abin nan ɗaya da fari bai taɓa ba, wanda na taho da shi daga ɗakin kakata ba a buhu ba, shi ma an zo an fi ni.

Sai na ce bari in gwada irin nata. Na kwana biyu ina shiryawa, ina daka ina shiryawa, a makaranta malama tana nuna baƙi hankalina yana can. Ranar da na shirya na kira yaran da alkawarin sabuwa. Na ɗauko ta kura da ɗan akuya a bakin rijiya, wadda kowa ya sani. Da aka zo inda kura ta tare hanya, sai na ce ɗan akuya ya buɗe fiffike ya tashi sama.

Kaka tana kishingiɗe a ƙofar ɗakinta, na zaci ta yi gyangyaɗi. Ta ɗago.

"Wa ya tashi?"

"Ɗan akuya, Kaka."

"Da me?"

"Da fiffike."

"La ilaha illallahu. Ni da na kusa kabari ban taɓa jin akuya da fiffike ba sai a gidana. Ke, yunwa ce ko jar dawa? Ba haka take ba. Wayo ya yi mata, ya ce ta leƙa rijiya. Maida shi ƙasa!"

Matan gidan suka fashe da dariya. Na maida shi ƙasa. Na daure na ci gaba, da aka kai inda kura ta leƙa, na tafa hannu na ce, "Sai gobe." Yaran suka dube ni. Ɗan autan maƙwabciya ya ce, "Ai faɗawa ta yi," sauran suka ƙarasa mini ita da baki ɗaya, har da rufewarta. Ɗiyata ba ta yi dariya ba. Ta sunkuyar da kai tana wasa da bakin tabarma. Da ta yi dariyar da ya fi mini sauƙi.

Bayan wannan na ce wa maigidana ni zan kai abincin, ina son in gaida Madam. Ya dube ni, ya ce to, amma in sa zanen sallah.

Gidan yana da itatuwa kore shar, a shekarar da ko itacen bedi yake zubar da ganye. Muka shiga ni da yarinyar. Kuku ya tare mu da yatsa a baki, ya ce da Hausarsa ta Zabarmawa, "Madam yana aiki." Daga wani ɗaki ana jin ƙarar mashin, kaf-kaf-kaf, ta tsaya, ta ci gaba. Ƙofar a rufe. Mijin ya fito daga wani ɗakin da takardu a hannu, babban mutum mai ba da umarni a haƙa ƙasa, ya wuce ƙofar nan a kan yatsun ƙafa.

Wannan ya tsaya mini a rai fiye da itatuwan. Mace tana ciki tana shirya ƙarya, namiji yana sanɗa don kada ya katse ta, ana kuma ce wa abin aiki. Ni tawa sai na gama daka, na gama wanke-wanke, in yi ta da yaro a cinya, maigidana yana cewa mu rage surutu yana jin labarai.

Da ta fito na ga ba wata babba ba ce. Siririya, ƙafa ba takalmi, gashinta kamar gemun masara, yatsunta duk tawada. Tana ganin yarinyar ta buɗe hannu ta kira sunanta. Da ƙarfi, har da ja masa wutsiya kamar waƙa. Sunan da ni na zaɓa a zuciyata tun tana ciki, na raɗa wa ƙanwar mijina ta kai wa maza ranar suna, ban kuma taɓa furta shi ba. Yarinyar ta ruga ta faɗa jikinta. Madam ta shafa kanta, ta ce kitson nan ya tsufa.

Kitsona ne. Kitso ne kaɗai lokacin da nake taɓa kanta.

Ta juyo ta gaishe ni da kyau, da gajiya da gida da zafi, ba ta tsallake ko ɗaya ba. Sannan ta ce, "Ke ce Yaya! Kullum tana zancenki. To uwarta fa, tana can ƙauye?"

Ba a cewa "ni ce" a kan ɗan fari, balle a gabansa. Na dubi ƙasa na ce, "Tana nan."

Maigidana daga bakin ƙofa ya ce, "Madam, ai ita ce."

Fuskarta ta yi ja har kunne. Ta dafa ƙirji ta ce, "Wayyo, ta fari ce! Na san wannan, na gani a Adar, na manta. Ki gafarta mini." Ta aiki yarinyar wurin kuku ta karɓo gato, wainar anasaru, ta ja ni muka zauna. Ta kawo mini ruwa daga firigo, sanyinsa ya sara mini haƙori, na shanye duk da haka. Sai ta rage murya ta ce, "Amma ba ya yi miki ciwo?"

Na ce, "Haka muka tarar."

Ta gyaɗa kai. Ba ta da mugunta, wannan shi ne abin haushin. Na so in same ta da girman kai in samu abin riƙewa, ban samu ba. Ta ba ni labarinta kamar mun daɗe. Ubanta mai raba wasiƙu ne a wani ƙaramin gari mai sanyi. Tana yarinya ciwon ƙirji ya kwantar da ita shekara guda, ba wasa, ba makaranta, sai littattafai, da suka ƙare ta fara ƙirƙiro nata tana gaya wa bango. Ta yi aiki a gidan da ake ba da aron littattafai, tana rubutu a ɓoye a bayan kanta. Uwarta har yanzu tana tambayarta yaushe za ta kama aikin gaske. Allah bai ba ta haihuwa ba. Da ta faɗi wannan na ji wani abu ya ɗan kwanta mini, Allah ya yafe mini, sai kuma ya tashi da na tuna ɗiyar wa take shafa wa kai.

Na tattara ƙarfina na faɗi abin da ya kawo ni. Na ce, "Madam, tatsuniyar nan, ki rufe mata ita. Yarinya tana yawo da dutse a ciki. Ki gaya mata abin da ke cikin ƙwan ta huta."

Ta yi dariya, ta ɗaga hannu biyu. "Ban sani ba."

"Ba ki san me ba?"

"Abin da ke ciki. Wallahi ban sani ba tukuna. Ni ma jira nake."

Na zaci wasa take. Yaya mutum zai tara yara ya buɗe baki bai san inda za shi ba? Mu tatsuniya ɗungum ake ba ka ita, da kanta da ƙafarta, kai ma ka miƙa ta haka. Na ce, "To wa ya ba ki ita?"

"Ba kowa. Da safe nake rubutawa, da rana in juya wa ɗiyarki da Hausa." Ta sake kiran sunan. "Ina ba ta ina kallon fuskarta. In ta fara kallon ƙadangaren bango, na san wurin ya mutu, in koma in yage takardar. In abin ya kama ta, akwai yadda take cije leɓenta na ƙasa, nan gefen hagu, girarta ɗaya ta tashi. Kin san shi ai."

Na ce, "Na sani."

Ban sani ba. Yaushe na kalli fuskar har na ga gefen da take cijewa? A tabarma duhu ne, kuma idona yana kan ƴaƴan mutane. Wannan baƙuwa daga bayan teku ta haddace fuskar ɗiyata kamar yadda nake fama in haddace baƙaƙe, kuma ba wanda zai ce mata ta yi rashin kunya.

Ta roƙe ni in yi mata tatsuniya ɗaya irin tamu, wai yarinyar ta ce na iya waƙoƙin ciki. Na ce rana ce. Ta ce to wata rana da yamma. Na ce in Allah ya so. Ban koma ba. Ko guda ba ta samu daga bakina ba, kuma a lokacin na ji daɗin hakan ƙwarai.

A hanyar dawowa yarinyar tana gaba ina baya. Muka wuce sojoji sun buɗe sito na wani ɗan kasuwa suna fito da buhunan da ya ɓoye, mutane sun yi cirko-cirko ba mai tari. Ni bayan wuyanta nake kallo. Na gwada sunan a cikin bakina, ba murya, harshe kawai. Sai wata mata ta gaishe ni na haɗiye shi.

Abin da ya zama na Madam daga baya, a guntu-guntu ya iso mini cikin shekaru. Littattafanta sun yi yawa, an juya su cikin harsuna, an ce yara a ƙasarsu suna yin layi a ƙofar kanti ranar da sabo zai fito. Ta rabu da mai rijiyoyin, ta koma wani gida a bakin daji ita da karnuka. An ba ta lambobin girma. Jikata ta taɓa nuna mini hotonta a waya, tsohuwa mai farin gashi da tabarau, a bayanta littattafai har rufi. Na duba yatsunta, ba tawada. Ta riga ni tafiya, Allah ya sa ta huta. Littafin ƙwan dutse shi ne na biyu, kuma an ce shi ya ɗaga ta. Har yau ban yarda an gaya mini abin da ke cikin ƙwan ba. Duk wanda ya fara sai in ce ina da aiki a madafa.

Amma a waccan shekarar ba wanda ya san za a yi haka. Gab da faɗuwar ruwa, hadari yana haɗuwa yana watsewa, sai maigidana ya dawo da labari. Wasu masu buga littafi sun karɓi na farkon, wanda aka yi ta maidowa. Suna son ta koma a gyara shi tare. Ya ce ya ga Madam tana tsalle a tsakar gida kamar yarinya, har gardi ya zaci kunama ce.

Na ce, "Yaushe za ta tafi?"

"Jibi."

Na ce Allah ya kiyaye hanya, na ɗauki taɓarya. Rabon da in yi waƙar daka tun muna ƙauye, ranar na yi, a hankali. Kaka ta leƙo ta ce, "Yau kuma jar dawar ce ta yi daɗi?"

Maigidana ne ya kai ta filin jirgi, ya tafi da yarinyar. Suka dawo da la'asar, idonta ya kumbura. Shi ya ba ni labari. Har a mota yarinyar tana roƙo a gaya mata ƙarshen, Madam tana kuka tana cewa ba ta kai can ba. An bar ɗiyar maƙeri a bakin wani kogo, ƙwan ya fara tsagewa. Madam ta yi alkawari in ta gama aka buga za ta aiko da shi ta biro, da sunan yarinyar a kai. Sai dai da Ingilishi zai zo. A lakwal Faransanci ake koya musu. Ingilishi sai wanda ya kai kolej, kuma a lokacin ɗiyar direba ba kasafai take kaiwa can ba.

Da magariba na share bakin rumfa, na shimfiɗa tabarma. Yara suka zo duka, ba wanda ya tsaya bakin randa. Ita ma ta zo, ba gefe ba, dab da ni ta zauna. Na buɗe, ta amsa ta fi kowa ƙarfi. Na zaɓi wadda na fi iyawa, mai waƙa uku, na ba ta duk abin da nake da shi. Kaka ma ba ta sami abin gyarawa ba.

Akwai sauran haske, sai na yi abin da ban saba ba, na saci kallon fuskarta. Tana kallona sosai. Tana dariya a inda ake dariya, har takan riga wurin kaɗan. Leɓenta yana nan yadda yake, girarta ba ta motsa ba. Hannunta ɗaya yana kan cikinta. Da na rufe ta ce, "Yaya, ta yi daɗi," da irin muryar da ake yaba wa yaro in ya share ɗaki.

Na naɗe tabarma. Ashe tafiyar Madam ba ta maido mini da komai ba. Tana cikin jirgi, ko ta ma sauka, amma yarinyar tana can bakin kogo tana jira.

Muna wanke kwanoni, ni ina cuɗawa ita tana ɗaurayewa. Can ta ce, "Yaya."

Na ce, "Na'am," ina kallon kwano.

"Ingilishi yana da wuya?"

Na ce ban sani ba, ni da ko baƙaƙen Hausa ban gama ba.

Ta ce, "To." Ta kife kwanon. Sannan ta ce, "Da na iya, in ya zo ba sai na nemi mai karanta mini ba."

Tun da ta sauko daga kamyon nan ba ta taɓa neman komai a wurina ba. Ko ƙarin tuwo ba ta taɓa cewa ba. Yau ta nema, kuma abin da ta nema hanya ce ta zuwa wurin waccan. Na ji kamar in ɗauki dutsen nan in jefa shi bayan katanga. Na ce mata ta kai kwanonin ɗaki.

Da safe, bayan ta tafi lakwal, na goya ƙaramin ɗana na bi ta gidan malamarmu ta yaƙi da jahilci, na tambaye ta ko ta san mai jin Ingilishi. Ta ce akwai ɗan ƙanen mijinta, ɗan Damagaram, yana karatunsa a babbar makaranta a Harobanda, ƙetaren kogi. Ta kwatanta mini gidan. Na taka gada da ƙafa, raƙuman itace suna wuce ni, soja a bakin gadar ya dube ni ya ɗaga hannu na wuce.

Na same shi a ƙofar ɗaki yana wanke riga ɗaya a bokiti, ya sa mata sabulu kamar zai wanke bargo. Na gaishe shi, na faɗi wadda ta aiko ni, na ce akwai wata yarinya a gidanmu da take son Ingilishi.

Ya ce, "Inna, ƴar lakwal? Ai ta yi ƙanƙanta. Me za ta yi da shi?"

"Wani littafi take jira."

Ya yi dariya. "Ɗiyarki ce?"

Na ce, "A gidanmu take."

Ya dube ni, ya daina dariyar, ya ce ya gane. Na ce ba ni da abin biya, amma na ga wankin nan ya fi ƙarfinsa, kuma na san ɗalibi ba ya ƙin tuwo ko na jar dawa ne. Ya ce in da miyar kuka an gama magana. Ya tambayi sunanta zai rubuta, na ce in ta zo ta gaya masa.

Na karɓi rigar daga hannunsa, na zauna a bakin bokitin na wanke ta, na shanya. Na haɗa sauran masu dauɗa na ƙulle na ɗora a ka. Da na iso gida ta riga ta dawo, tana tankaɗe a rumfa. Na sauke ƙunshin, na kira ƙanenta na ce, "Gaya wa waccan ta wanke ƙafarta. In an yi la'asar za ta raka ni Harobanda."